Kafintan da Babu Mai Jinyarsa

Akwai wani kafinta da 'yan layinsu suke kira Ba-Ruwana, sunan da ya samo asali daga bakinsa. In aka ce masa maƙwabci ba shi da lafiya, sai ya ce shi ba likita ba ne. In aka yi rasuwa, ya ce zuwansa ba zai dawo da mamaci ba. Aikinsa dai babu makusa, amma ɗakinsa shi kaɗai, kofin shayinsa ɗaya. Ƙanwarsa ma da ta saba leƙo shi, ta gaji da amsar gaisuwa a tsaye ta daina zuwa.

Wata safiya yana yanka katako a inji, sai katakon ya kuɓuce ya dawo da ƙarfi ya doke shi a ciki. Ya durƙusa, ya ɗaga riga. Babu jini, sai ɗan ja a ƙasan cibiya. Ya yi tsaki ya ci gaba da aiki.

Washegari ko miƙewa tsaye bai iya yi sosai. Da ƙyar ya kai kansa asibiti.

Bayan an yi masa hoton ciki, likita ta zaunar da shi.

"Malam, babban hanjinka ne ya bugu. Jini ya kwanta a jikinsa, amma bai huje ba. Za mu kwantar da kai mu sa ido. Ba ci, ba sha, sai ƙarin ruwa. In ka ji cikin ya yi tauri ko zazzaɓi ya taso, ka yi magana nan take."

Aka ba shi gado a ƙarshen ɗaki. Kowane gado da mai jinya: tabarma a ƙasa, kulolin abinci, masu dubiya suna shiga suna fita. Gefen nasa gadon kuwa, takalmansa ne kawai da ƙurar katako a kansu.

Can sai ga wata ma'aikaciya daga ofishin bayanan marasa lafiya. Aikinta ta sa wa kowace cuta lambarta, don duk likitan da ya buɗe fayil ya san abin da ake ciki.

"Baba, sannu da jiki. Me ya buge ka? Faɗuwa ce, ko mota, ko a wurin aiki?"

"Ciwo dai ai ciwo ne. Rubuta abin da kika ga dama."

Ta yi murmushi. "Da haka ne da na huta. Hanjin da ya bugu lambarsa daban, wanda ya huje daban, abin da ya buge shi ma da tasa. In na yi kuskure, na ɓatar da likitan gobe."

Ya faɗa mata a taƙaice. Ta rubuta, sannan ta ce, "Wa za a kira in an buƙaci wani naka?"

"Babu."

Ta ɗaga kai ta dube shi, sannan ta rufe fayil ta wuce.

Wata rana da la'asar zazzaɓi ya rufe shi, cikin ya ɗaure kamar allo. Nas tana can ɗaya gefen. Ya buɗe baki zai kira, sai ya ji nauyin a ji shi yana neman taimako. Ya juya fuska ga bango ya cije leɓe.

Wata tsohuwa mai jinyar ɗanta a gadon kusa ce ta ga gumi yana tsiyaya daga wuyansa.

"Ɗan nan, lafiya kuwa?"

"Ba komai, Iya."

"Ba komai kake karkarwa haka?" Ba ta jira shi ba, ta ja ƙafa ta kira nas.

Wurin da ya bugu ne ya huje. Aka garzaya da shi tiyata. Daga baya likita ta ce da an ƙara jinkiri kaɗan, da ba wannan zancen ake ba.

Da ya farfaɗo, an riga an sallami ɗan tsohuwar, sun tafi. Ko sunanta bai tambaya ba, balle ya gode mata.

Ranar da aka sallame shi, shi ya riƙo ledar magungunansa har gida, yana tafe yana dafa bango. Mai shagon kusa da nasa ya hango shi ya ce, "A'a, Ba-Ruwana, ashe tafiya ka yi?"

Ya shiga ɗaki ya zauna a bakin gado ya daɗe. Sannan ya ɗauki waya ya kira ƙanwarsa.

"Wa ke magana?"

"Ni ne, yayanki."

Ta ce da sauri, "Yaya, wa ya rasu?"

Hawaye suka zubo masa. "Babu kowa. Gaishe ki na kira in yi."

Darasi: Wanda ya ce ba ruwansa da mutane, ranar da ya kwanta zai ga gefen gadonsa fayau. Ka duba mara lafiya tun kana da ƙafar zuwa, kuma in kana jin ciwo kada girman kai ya rufe maka baki, ko da ba a ga jini a waje ba. 'Yan'uwa, ku tura wa wanda kuka daɗe ba ku gaisa ba.