Ranar da Malam Jatau Ya Ƙaryata Maganinsa

An yi wani mutum a wani gari, ba zan faɗi sunan garin ba, don wasunku suna da dangi a can. Wani bawan Allah ne, ana ce masa Malam Jatau mai magani. Ku matso, ku saurara. Ku na baya, ku ajiye hirar nan tukuna, ba guduwa za ta yi ba.

Shi Malam Jatau gadon magani ya yi. Ubansa mai magani, kakansa mai magani. Kada ku ɗauka irin masu motar nan da lasifika ne, waɗanda kwalba ɗaya tasu ke maganin basir da shawara da rashin kasuwa. A'a. Mutum ne mai kunya, mai sanyin murya, wanda in ka gan shi a sahu ba za ka ce ya san komai ba. Abu ɗaya aka san gidansu da shi: maganin ciwon nono na mata. Saiwar wani itace ce, a daka, a kwaɓa da man kaɗanya a shafa, wani kuma a dama a kunu. Mace ta ji ƙullutu ko kumburi a nononta, sai a ce a je gidan Jatau. Daga ƙauyuka ake zuwa. Kuma da yawa suna warkewa, wallahi suna warkewa. Wanda ba shi da ko sisi, ya ba shi kyauta, har ya haɗa masa da ruwan sha.

Ba shi da shanu, gonarsa ma 'yar ƙarama ce. Dukiyarsa duka sunan nan ne da ya gada. Ku riƙe wannan: suna. Shi ke ciyar da shi, shi ke sa a tashi a ba shi wuri a taro.

To, yana da 'ya, autarsa, sunanta Hansatu. Allah ya ba yarinyar nan kai. Ta yi boko har jami'a, ta karanta kimiyya. Da ta gama, sai aka ɗauke ta a wani shiri na horar da matasan masana a kan sankarar mama, ciwon da mu muke ce wa daji. Ba likitocin da ke duba marasa lafiya ake horarwa a wurin ba. Masu bincike ne, waɗanda ke bayan likita, su ne ke zama shekara da shekaru suna gwada wane magani ne ke kashe cutar, wanne ne ba ya kashewa. Shekara huɗu ake yi, kuma kowane ɗalibi sai ya zaɓi abin da zai bincika.

Ranar da za ta tafi, Malam Jatau ya ƙulle mata saiwar nan a ƙyalle, ya ce, "Auta, ga abin da kakanki ya bari. 'Yan boko sun daɗe suna yi mana kallon banza. Ki kai musu su gani da idonsu."

Ta ce, "Baba, in sha Allahu sai sunan gidanmu ya shiga littafi."

Ku ji yadda aikin mutanen nan yake, don ni kaina da aka ba ni labari sai da na jinjina. Suna rainon ƙwayoyin cutar a cikin 'yan faranta na gilashi, su ɗiga musu magani, su jira, su duba da madubin da ke girmama ƙananan abubuwa, su ga ko sun mutu ko suna ƙara yawa. Malamar da ke horar da Hansatu wata farfesa ce, dattijuwa, ba ta da wasa. Da ta ji maganin uban ɗalibarta ne, sai ta kira ta.

Ta ce, "Hansatu, kina son mahaifinki?"

Ta ce, "Ƙwarai kuwa, Farfesa."

Ta ce, "To, shi ya sa ba za ki san wace kwalba ce tasa ba. Mai so, abin da yake so yake gani."

Sai farfesa ta sa aka zuba magunguna a kwalabe shida iri ɗaya. Akwai na asibiti, akwai na Malam Jatau, akwai wanda ruwa ne kawai ba magani. Aka cire sunaye, aka liƙa lambobi, ita kaɗai ta san wanne ne wanne, ta kulle takardar a durowa. Wannan ita ce ƙa'idarsu. Ina ma a ce mu ma muna yi wa kanmu haka in za mu yi shaida a kan ɗan'uwa!

Hansatu ta yi wata da watanni tana ɗigawa tana dubawa. Kwalba ta huɗu, duk inda ta ɗiga, ƙwayoyin cutar sai su mace. Zuciyarta ta ce mata, ai wannan ta Baba ce. Kwalba ta biyu da ta biyar kuwa, kamar ma abinci take ba su. Ta maimaita, ta sake maimaitawa, sau uku, amsa ɗaya. Ranar buɗe takarda ta sa sabon mayafi.

Farfesa ta buɗe durowa. Ta huɗu, maganin asibiti ne. Ta biyu, ruwa. Ta biyar, maganin Malam Jatau.

Kun ji? Maganin kakanni uku, shi da ruwa ba bambanci a wajen daji. Hansatu ta zauna a ƙasa ta yi kuka. Farfesa ta bar ta ta yi mai isarta, sannan ta ce, "Kin yi aiki mai kyau. Sanin abin da ba ya magani, shi ma ilimi ne. Kuma mun ga yana rage kumburi, yana busar da ƙurji. Wannan ma ki rubuta, gaskiya ce."

Hansatu ta dawo gida hutu. Kwana biyu tana kauce wa idon ubanta. Rana ta uku da hantsi, yana zaune a zaure yana daka saiwa, ya ce, "Auta, zauna. Wanda ya zo da albishir ba ya ɓuya a ɗakin uwarsa. Faɗa mini."

Ta faɗa masa. Ya ajiye taɓarya.

Ya ce, "To, matan da suka warke fa? Da idona na gani."

Ta ce, "Baba, ba kowane ƙullutu ba ne daji. Yawanci ƙurji ne ko kumburin shayarwa, kuma maganinka yana taimakonsu. Amma in dajin ne na gaske, ba ya taɓa shi. Yana nan yana ci a ciki, ita kuwa tana shafa magani tana jira."

Ya ture turmin gefe. Can ya ce, "Waɗanda suka yi wata shida, wata takwas suna karɓa a hannuna, daga baya muka yi musu sallah. Da an kai su asibiti da wuri fa?"

Ta ce, "Rai na Allah ne, Baba. Amma da wasu an yi musu aiki tun abin yana ƙarami."

Jama'a, ku sa kanku a wurin dattijon nan. Shekara arba'in yana ganin alheri yake yi.

Hansatu ta ga yadda fuskarsa ta koma, tausayi ya kama ta. Ta ce, "Baba, a rubutuna ba sai na ambaci gidanmu ba. Lamba kawai zan sa. Babu wanda zai sani. Kai kuma a hankali sai ka riƙa tura masu tsanani asibiti, ba tare da ka ce komai ba."

Ya ce, "Auta, takardarki za ta rufa mini asiri. Ranar da aka kwantar da ni fa, wa zai rufa? Kuma ni da idona ba na iya bambance mai tsanani da marar tsanani, ke kika faɗa. In na yi shiru, gobe wata za ta zo."

Ranar kasuwa, bayan azahar, lokacin da kasuwa ta cika maƙil, mutumin nan da ko a ɗaurin aure ba a jin muryarsa, ya hau kan benci a bakin rumfar mahauta. Ya ce, "Jama'a, ni ne Jatau mai magani. Ku ji, ku faɗa wa wanda bai ji ba. Maganina ba ya maganin daji. An gwada, ba ya yi. Na yi shekaru ina ba da shi a kan rashin sani, ina neman gafararku. Duk macen da ta ji ƙullutu, a kai ta asibiti a duba, kada a kawo ta wurina."

Kuna tsammanin tafi aka yi masa? Ina! Kun san halinmu. Wani ya ce, "Ya kai 'ya boko, ta dawo ta fasa masa tukunya." Wani ya ce asibiti ne suka saye shi. 'Yan'uwansa na jini suka ce ya tozarta kabarin ubansu, suka daina gaisawa da shi. Wani da ya taɓa rasa matarsa ya tare shi a hanya ya faɗa masa maganar da ba zan maimaita a masallaci ba. Ya sunkuyar da kai ya ce, "Ka yi gaskiya. Ka yafe mini." Har masu ciwon ciki da masu zazzaɓi suka daina zuwa zaurensa. Cikin mako guda sunan da aka gina tun kakanni ya rushe.

Bai tsaya nan ba. Akwai mata goma sha ɗaya da ke kan shan maganinsa a lokacin. Ya ɗauki kekensa, ya bi su gida gida, ƙauye ƙauye, yana sallama da mazajensu. Wasu suka ji, wasu suka rufe masa ƙofa.

A cikin gidajen nan akwai gidan wani matashin malami, mai zafin kai, mai ganin ya san komai. Matarsa ta yi wata bakwai tana shafa maganin. Malamin nan ya fito ya ce, "Kai tsoho, jiya ka ce magani ne, yau ka ce ba magani ba ne. In kai matata asibiti wani ƙato ya buɗe ta, su yanke mata nono? Bar mini ƙofar gida."

Malam Jatau ya tafi. Washegari ya dawo. Aka sake korarsa. Rana ta uku ya zo ya jingine keke, ya zauna a ƙasa a ƙofar gidan, cikin rana, tun hantsi har aka kira azahar. Malamin ya fito za shi masallaci, ya tarar da shi, gumi ya jiƙa masa riga.

Malam Jatau ya ce, "Malam, ka zage ni, na cancanta. In kana so ka buge ni, ga ni. Amma ka kai ta. Akwai likitoci mata, Auta ta ce za ta raka ku da kanta. Ni na jawo mata wannan jinkiri, kada ka bari in tafi da shi."

To, ku dube ni da kyau. Malamin nan mai zafin kai, ni ne. Ni na kori Malam Jatau sau biyu.

Na kai ta. Hansatu ta raka mu, ta riƙe mata hannu aka ɗebi ɗan nama aka gwada. Daji ne. Likita ta ce da mun ƙara 'yan watanni, da sai dai addu'a. Aka yi aiki, aka sha wahalar magani, gashi ya zube ya sake fitowa. Yau shekara goma sha tara. Maiɗakina tana nan bayan labulen can tare da mata, tana jin abin da nake faɗa, ta ga auren 'ya'yanta, ta goyi jikoki. Alhamdu lillahi. Alhamdu lillahi. Ba ni da bakin da zan gode wa Allah.

Da muka dawo daga asibiti na tafi gidan Malam Jatau. Zauren da a da ba ka samun wurin zama, na tarar da shi shi kaɗai, yana gyaran fartanya. Na durƙusa, ni da na kore shi, na ce, "Baba, na zo godiya."

Ya ce, "Ni za ka yi wa godiya? Wata bakwai na ci mata. Ka dai roƙa mini ita ta yafe mini."

Sunansa bai dawo ba, kada in yi muku ƙarya. Da 'yar gonarsa ya ƙarasa rayuwa. Hansatu ta gama karatunta, yanzu ita ke horar da wasu. A cikin matan nan goma sha ɗaya, huɗu aka samu da dajin, uku suka rayu.

Ga darasin, ba sai na ɓoye shi a cikin zance ba. Yin gaskiya lokacin da za ta ƙara maka daraja ba wuya ba ne. Gaskiyar da Allah yake gwada bawa da ita, ita ce wadda za ka tashi da bakinka ka ce, "Na yi kuskure," alhali ka san za ta ci maka suna. Kai malamin da ka ba da fatawa ka gano ba daidai ba ce, ka koma ka gyara? Kai mai shagon magani, kai makanike, kai uban da ka yanke hukunci a gidanka ka gane zalunci ne, ka iya hawa bencin Jatau? Ku mazaje, in iyalinku ta ce ta ji wani abu a jikinta, kada kunya ko girman kai irin nawa ya sa ku zauna. Ku mata, kada ku ɓoye. Kuma yaran nan namu da ke ƙone ƙuruciyarsu a ɗakunan bincike, ku sa su a addu'a, aikinsu yana shigowa har cikin gidajenmu.

Allah ya jiƙan Malam Jatau, ya haskaka makwancinsa, ya yafe masa abin da ya yi a kan rashin sani, ya saka masa a kan abin da ya yi bayan ya sani. Ku ce amin. Ku ɗaga murya, don Allah, bashin godiya ne a wuyana, ni kaɗai ba zan iya ba.