Yashin da Ya Zauna a Bayan Tifa

Akwai wani direban tifa da ake kira Dogo. Motar tasa ce, kuma ita kaɗai ce ke ciyar da gidansa. Wata safiya jami'ai suka tare shi yana fitowa daga bakin kogi da yashi har baki, ba takardar izini. Tare da shi suka kama abokin sana'arsa, wanda ake wa laƙabi da Ɗan Gaggawa. Aka kai motocin biyu wani fili mai shinge, yashin na cikinsu, aka ce sai kotu ta yi magana.

Mako uku suka wuce. Kullum Dogo sai ya je ya leƙa ta shinge, ya dawo gida ba walwala. Ruwan sama ya jiƙa yashin, nauyi ya ƙaru, bayan motar ya fara durƙushewa. Bakanikensa ya duba daga nesa ya girgiza kai.

"In ba a sauke kayan nan ba, sifirin da ke ɗauke da nauyin motar zai karye. Tayoyin ma ba su da tabbas."

Ɗan Gaggawa kuwa bai san zaman jira ba. Ya shirya da maigadin filin, ranar da ba aiki masu yin bulo suka shigo da baro suka kwashe yashinsa tas. Ya zo yana wa Dogo dariya.

"Kai dai zauna nan kana gadin ƙasa. Na huta, motata ta huta. In turo maka su?"

Gaskiya zuciyar Dogo ta so. A gida har ya ɗauki waya zai kira Ɗan Gaggawa, matarsa ta riƙe masa hannu.

"Baban yara, yashin nan ne ya kai mu inda muke. Ka sake taɓa shi ba izini?"

"In motar ta lalace fa, me za mu ci?"

"Karyayyen ƙarfe ana gyara shi. Ni kai nake tsoron a riƙe."

Ya ajiye wayar yana huci, ranar ko abinci bai ci ba.

A mako na shida alƙali ya yanke hukunci: su biya tara, su sa hannu ba za su sake ba, a sakar musu motocinsu. Sai dai akwai sharaɗi ɗaya a ƙasan takardar. Kowace mota za ta mayar da yashin da aka kama ta da shi bakin kogi, a gaban jami'i.

Jami'in ya zo filin da takardar kamun a hannu. Ya hau tifar Dogo, ya soka sanda cikin yashin, ya daɗe yana duba takarda. Dogo na tsaye yana kallo.

"Cike take yadda aka rubuta. Malam, karɓi makullinka."

Sannan ya leƙa motar Ɗan Gaggawa, mai ita na tsaye a gefe. Ba komai sai ruwan da ya kwanta a bodi.

"Ina yashin?"

"Yallaɓai, ai... ruwa ne ya wanke shi."

"Ruwan ya zaɓi taka ya bar ta maƙwabcinka? Wannan kayan shaida ne na kotu. Motarka ba inda za ta, kai da maigadi ku biyo ni."

Dogo ya tada motarsa da ƙyar. A bakin ƙofa ganyen sifirin ɗaya ya karye, ƙarar ta sa kowa ya waiwaya. Bai tsaya ba. A hankali ya lallaɓa ta har kogi, wani jami'i na gefensa, ya ɗaga bodi ya juye. Sai da bodin ya sauko ba komai a ciki sannan ya ciro wayarsa. Ya kira matarsa.

"Ki buɗe ƙofar gida. Da motar nake tafe."

Darasi: Idan ka yi kuskure har hukuma ta riƙe kayanka, kada ka nemi fita ta hanyar kuskure na biyu. Haƙurin bin doka yana da ciwo, amma shi ke dawo maka da abinka. Ku tura wa direbobi da masu mota da kuka sani, wataƙila yau wani yana riƙe da waya kamar Dogo.