Kazar da Ta Tura Denzil Cikin Teku

Denzil Trewin mai kamun ƙaguwa ne a wani ƙauyen masunta da ke bakin tekun Cornwall. Ga ƙarfi, ga sanin ruwa, ga fara'a. Aibinsa ɗaya ne: ba ya jure a ce masa kaza. A wajensu wannan ne zagin matsoraci. Ba ma sai an furta ba. Mutum ya lanƙwasa hannuwa ya kaɗa su kamar fiffike, ya yi kyarkyara, to an gama da Denzil.

Gwaggonsa Morwenna, wadda ta raine shi, tana kiwon kaji a bayan gida. Ta sha yi masa faɗa.

"Ka ma san inda zagin ya samo asali? Kaza ce ke rugawa in ta ga inuwa, shi ya sa tun zamanin kakanninmu ake kiran matsoraci da sunanta. Shi ke nan fa! Amma na tsufa ina kiwonsu, ban taɓa ganin wadda ta faɗa ruwa don an yi mata dariya ba."

Ya yi murmushi, maganar ta bi iska.

Ranar bikin tseren jiragen ruwa, al'adar mazan ƙauyen ce su yi tsalle daga katangar tasha su faɗa teku, amma sai lokacin da ruwa ya cika. Akwai wani zoben ƙarfe a jikin katangar. Da zarar ruwa ya janye har zoben ya bayyana, ba mai sake tsalle, domin duwatsu ne a ƙasa.

Denzil ya makara wajen duba tarkunansa. Da ya iso, zoben na waje tsirara.

Jago Roskilly, abokin hamayyarsa tun suna makaranta, ya ɗaga murya. "Sannu, gwani! Ka iya zaɓen lokacin zuwa."

"Ruwa ya janye, Jago. Idonka bai ga zoben ba ne?"

"Na gani mana." Sai ya lanƙwasa hannuwa. "Kut-kut-kut!"

Aka bushe da dariya. Denzil ya juya ya tafi. Ya sayi soyayyen kifi da dankali, ya kasa ci. Ya zauna, ya miƙe, ya sake zama. Kyarkyarar nan ta ƙi barin kunnensa. Abin haushi, babu wanda ya fi shi sanin abin da ke ƙarƙashin ruwan nan.

Morwenna ta hango shi ya koma kan katangar yana cire riga. "Denzil! Don Allah ɗana, bar su su yi ta dariya!"

Bai waiwayo ba, ya yi tsalle.

An tsamo shi da rai, amma ƙashin bayansa ya karye. Jago ya je duba shi asibiti, ya tsaya a bakin ƙofa yana murza hula, daga nan ba a sake ganinsa ba. Yanzu wani ne ke fita da jirgin Denzil. Shi kuwa kullum da safe yana bayan gida a keken guragu, yana watsa wa kajin gwaggonsa hatsi, suna zagaya shi a kan ƙafafunsu lafiya lau.

Mai karatu, zagin matsoraci tarko ne da ake ɗana wa mai girman kai. Wanda ya zuga ka ba zai faɗa ramin tare da kai ba. Idan ka san abu haɗari ne, tsaya a kan saninka. Dariyar mutane ba ta kai gobe, amma abin da ka yi don ka rufe musu baki zai iya zama da kai har ƙarshen rayuwarka.