Inabin da Dagaci Ya Haɗiye

Jatau yana da lambun inabi na gado, inda baƙi kan zo biyar-biyar su zaga su ɗanɗana. Dagacin garin kuwa ya daɗe da sa wa lambun ido. Wata rana ya biyo baƙi ya ce, "Jatau, tsinko mini ƙwayar da ta fi kowace zaƙi a nan. In na sami wadda ta fi ta, lambu ya zama nawa."

Jatau ya tsinko ta kusa da shi. "Ga ta, ranka ya daɗe."

Dagaci ya jefa baki. Ya tsinki wata, ita ma ya cinye, ya ce, "Wannan ta fi! Lambu ya ciwu."

"Mai yiwuwa, ranka ya daɗe. Sai dai mai ƙara ba ya yi wa kansa shari'a. Ga baƙi nan, miƙa musu ƙwayoyin biyu su gwada."

"Kai, ai na haɗiye su!"

"Babu gaggawa, ranka ya daɗe. Duk ranar da suka dawo, lambu yana nan."