Baunar Inshirah

An yi wani mutum, kafinta, a wani ƙauye da ke gefen Fayyum. Ba mashayi ba ne, ba ɗan caca ba. Yana sallarsa, kuma hannunsa yana da kyau a aiki. Aibinsa ɗaya ne: yana son a ambaci sunansa a cikin taro.

Ya ci bashi da ruwa a wajen wani mai ba da rance, Mu'allim Shahata, ya sayi injin yanka katako. Kasuwa ta yi sanyi, ruwa ya yi ta haihuwa har ya kusa kamo uwar kuɗin. Dattawa suka zauna a zauren dagaci, aka sha shayi, aka yi sulhu. Shahata ya yafe ruwan duka, a biya shi uwar kuɗi kashi-kashi, kowane ƙarshen wata. Amma ya sa sharaɗi: ranar da aka saɓa kashi ɗaya, ruwan zai dawo tun daga farkonsa. Kuma sai an kawo mai tsayawa.

Yayarsa Inshirah ce ta tsaya masa. Mijinta ya rasu ya bar ta da 'ya'ya uku da jamusa guda, baunar nan ta gida da ake tatsa. Da nononta take yin cuku da mai, ta kai kasuwar Talata. Baunar nan ta sa jingina.

Ya ce, "Yaya, ba sai kin yi haka ba."

Ta ce, "Rufe min baki. Ni na ɗauke ka a kafaɗa har ka jiƙa min riga. Yau ne za ka yi min nauyi?"

Ya yi ta biya, bai saɓa ba, har saura kashi na ƙarshe. Kuɗin sun cika, suna cikin aljihun jallabiyarsa.

Sai aka yi bikin ɗan wani mahauci. Kun san yadda ake yi: mai shela yana riƙe da lasifika, duk wanda ya miƙa gudummawa a faɗi sunansa da abin da ya bayar. Wani kafinta abokin gasarsa ya miƙa tasa, aka kira sunansa da kiɗa. Na kusa da mutuminmu ya zungure shi, ya kira shi da laƙabin gwanayen sana'a, ya ce, "Usta, kai aljihunka azumi yake yi yau?"

Mutuminmu ya ce a ransa, mako ɗaya ba zai kashe Shahata ba. Ya zaro kuɗin duka ya miƙa. Aka kira sunansa, aka maimaita, aka tafa.

Ya 'yan uwa, tsawon wane lokaci suna ke ɗauka a cikin lasifika?

Da wata ya ƙare ya je wajen Shahata ya ce, "Mu'allim, ka ɗaga min ƙafa zuwa Juma'a."

Shahata ya ce, "Ai ina wurin, Usta. Har na tafa maka. Mai kyauta irin wannan ba ya rasa kuɗin ruwa."

Da rashi ne ya hana shi, da dattawa sun sake sa baki. Amma su ma suna wurin bikin, da kunnensu suka ji. Wa zai tashi ya ce mutumin nan ba shi da hali?

Ruwan ya dawo gaba ɗayansa. Aka sayar da injin, bai isa ba. Aka zo ɗaukar bauna.

Inshirah ta roƙi a jira ta tatse ta. Ta tatsa, ta shafa mata wuya, ta miƙa igiya. Ta ce wa wanda ya zo jan ta, "Ka gaya wa masu karɓarta ba ta son hannu mai sanyi. A ɗumama hannu kafin a taɓa ta."

Sannan ta ɗauki kwanon nonon ta kai gidan ƙanenta. Ta ce, "Ba wa yara. Na ƙarshe ne."

Ya ce, "Yaya, ki zage ni."

Ta ce, "In zage ka, in zagi wa? Uwarmu ɗaya."

Ya rufe shago ya tafi Alƙahira, yana aikin yini a shagon wasu, yana aiko mata ɗan abin da ya samu. Ba a ƙara ganinsa a biki ba. Ita kuwa tana tatsar dabbobin maƙwabta, ana sallamarta da ɗan nono.

Ya 'yan uwa, mai karɓar riba yana da nasa hisabin a gaban Allah, ba mu wanke shi ba. Amma mutumin nan ya shiga riba da ƙafarsa, Allah ya buɗe masa ƙofar fita, riya ta rufe ta saura taki ɗaya. Kuɗin da ke aljihun wanda ake bi bashi ba nasa ba ne. Kuma wanda ya tsaya maka, abincin 'ya'yansa ya ɗora a kan alkawarinka. Kafin ka miƙa hannu don a tafa maka, tambayi kanka igiyar wa za a kwance.

Allah ya kiyaye mu daga riba da riya, ya biya wa masu bashi bashinsu, kada ya sa mu zama sanadin hawayen wanda ya rufa mana asiri. Amin.