Saƙon Malam Barau

Ana daf da zaɓen kansiloli aka liƙa sunayen masu jefa ƙuri'a a bangon makarantar wani gari. Iya Tasalla mai daddawa ta sa aka duba mata. Sunanta an soke shi, wai ta rasu. Na mijinta Malam Barau kuwa, wanda aka binne bara, yana nan daram tare da na wasu mamatan.

Ta je gaban jami'in da ke sauraron ƙorafi, jama'a cike da ajin.

"Yallaɓai, ga ni da raina. A mayar mini da sunana."

"Iya, doka ta ce sai mai suna a rajista zai yi ƙorafi. Ke kin rasu. Nemo mai suna ya tsaya miki."

Ta waiga, kowa ya sunkuyar da kai. Sai ta gyara mayafi.

"Ai shi ya aiko ni. Malam Barau. Ya ce a mayar da matarsa."

"Barau? A ina kika gan shi?"

"Haba yallaɓai, ba ka ce na rasu ba?"

Aka kwashe da dariya. Jami'i ya buɗe baki zai ce Barau ya mutu, sai ya tuna in ya soke shi, sauran mamatan ma sai sun bi. Ya ja biro ya mayar da sunanta.

"Allah ya yi albarka," in ji Iya. "Af, ya ce kuma ranar zaɓe ba zai samu fitowa ba. In kun ga wani da katinsa, ku riƙe shi."