Kunkuru Ya Nemi Fitowa a Alhaji

Ga ta nan, ga ta nanku, ku matso.

Ta zo mu ji ta, mun matso.

Shekara goma sha biyu Kunkuru yana harkar fim, kullum a maigadi ake sa shi. Zaki mai fitowa a Alhaji ya iso a mota, a danna hon, shi ya buɗe get, shi ke nan aikinsa. Har 'ya'yansa ma 'ya'yan maigadi ake ce musu a unguwa.

Ran nan abin ya ishe shi, ya tari Dila darakta. "Haba, Malam Dila! Don get aka haife ni? Ni ma a sa ni a Alhaji mana!"

Dila ya ce, "To, gobe kai ne Alhaji."

Gari ya waye aka sa masa babbar riga, ya hakimce a bayan mota. Direba ya danna hon, shiru. Dila ya daka tsawa, "Ina maigadi?"

"Na'am, ranka ya daɗe!" Kafin Kunkuru ya ankara har ya diro daga motar, yana jan riga a ƙasa, ya wangale get. Zaki kuwa ya faɗa kujerar, mota ta shige.

Dila ya ce, "Madalla! Ai ba mai buɗe ta kamarka. Miƙo rigar."

Ƙurunƙus, nan ta tsaya a kan ɗan ɓera.